Laifin ba na kwamfuta ba ne

Mai ƙaramin sutudiyo a Birnin Kudu ko Gwaram, wanda ke ɗaukar waƙoƙin biki da na bege da na 'yan siyasa, ya san wannan ciwon kai: mawaƙi na tsaye gaban makirfo, FL Studio ta ƙi ganin Auto-Tune, ko ta rufe kanta da zarar an buɗe aikin jiya. Nan take sai a ɗora wa ɗaukewar wuta ko tsufan kwamfuta laifi. A ganina, galibi cutar daga manhajojin sata take, waɗanda ake kwafowa a filashi hannu zuwa hannu. Tun da kamfanin Steinberg ya fito da tsarin VST a 1996, uwar manhaja irin FL Studio wuraren da aka nuna mata kawai take leƙawa, ta ɗauko 'ya'yan manhaja irin su Auto-Tune da ta tarar. In an zuba su barkatai, ko an cakuɗa masu 32-bit da masu 64-bit, ko an taɓa fayil ɗin hosts na Windows don toshe tantance lasisi, to hargitsi ya zama dole, kuma babu kamfanin da za a kai wa kuka.

Za a ce dala ta yi tsada, kuɗin waƙar amarya ba zai sayi lasisi ba. Wannan gaskiya ne, kuma ban raina shi ba. Amma MAutoPitch tana gyara murya kyauta, Surge XT da TDR Nova su ma kyauta ne, duk halal. FL Studio kuwa, in ka saya sau ɗaya, sabuntawarta kyauta ce har abada. In kuwa aka dogara da manhajar sata, kwastoman da aikinsa ya salwanta ana gobe kamu, Dutse ko Kano zai nufa da waƙarsa ta gaba.