Mu Waiwayi Baya: Dokar Sarki Justiniyan

Masu karatu, mu mazaunan Babban Mutum mun san wannan. Mutum ya kama hanyar Magarya, tafiya kaɗan ya shiga Nijar. Hausa ɗaya, dangi ɗaya, amma in rigimar bashi ko ta ciniki ta kai shi kotun gwamnati, sai ya tarar da wata doka dabam. Tamu ta hannun Ingila ta zo, tasu ta hannun Faransa. Ta Faransa kuwa, wadda Napoleon ya kafa a 1804, in aka bi saiwarta sai a isa ga wani sarki Kirista, Justiniyan, wanda ya yi mulkin Rum ta Gabas a birnin Kustantiniya, wato Istambul ta yau, daga 527 zuwa 565.

Da ya hau gadon sarauta ya iske dokokin Romawa sun taru tsibi, wata tana ƙaryata wata. Ya sa masana, da wani gwani Tiriboniyan a cikinsu, su tace su. A 529 suka fito da kundin umarnan sarakuna, a 533 kuma da littattafai 50 na fatawar manyan masanan shari'a, da wani ƙarami domin ɗalibai.

Akwai abin da ya shafi gidajenmu a ciki. Ya ce jaririn da aka yar, wanda ya tsince shi ba shi da ikon mai da shi bawa. A 543 ya ce in mutum ya rasu bai bar wasiyya ba, 'ya'yansa maza da mata su raba gado daidai. Mu tambayi kanmu, a gidajen masu bi nawa ne 'ya mace take samun rabonta na gona ba tare da an kai ƙara wurin fasto ba?

Amma kada mu yi saurin tafa masa. Sarkin nan da ya gina babbar majami'ar Ayasofiya, aka gama ta a 537, shi ne ya hana masu bin addinin gargajiya koyarwa, ya ce a yi musu baftisma ko su rasa dukiyarsu. Ya hana Yahudawa ba da shaida a kan Kirista a kotu. Ya ba da umarni a rushe ɗakunan sujadar Samariyawa, jikokin mutanen da Ubangiji ya kwana biyu a garinsu. Mu da muke 'yan kaɗan a ƙasar Daura, mun san yadda zuciya takan yi in ana neman filin majami'a. In mun karanta wa yara wannan sashe a aji, mukan rage murya, gama a wancan zamani hatimin yana hannunmu ne.