Makullin Wasannin Kwamfuta: Ina Doka Ta Tsaya?

Daga Wakilinmu na Arewa, Kontagora

'Yan'uwa mazauna Agege da Idi-Araba da Sabon Ibadan, duk wanda ya zo gida hutu ya ga yadda samari ke cika rumfunan masu cajin waya a nan Kontagora, ana tura musu wasan ƙwallo a cikin waya. Akasari suna amfani ne da manhajar PPSSPP, wadda ke sa waya ta kwaikwayi na'urar PSP ta kamfanin Sony. To, tambayar da kaɗan ke yi ita ce, wannan sana'a halal ce a wurin doka?

Kwaikwayon na'ura shi kansa ba a hana shi ba a Amurka. A shekarar 2000 wata kotun ɗaukaka ƙara ta ba kamfanin Connectix gaskiya a kan Sony, bayan ya ƙera manhaja mai kwaikwayon PlayStation. Amma fa dokar da Amurka ta kafa a 1998 ta hana ɓalle kullen da mai kaya ya sa wa kayansa, kuma nan ne gardamar take. Wasannin zamani a kulle suke zuwa, sai da wasu lambobin sirri, watau makulli, da ke ɓoye cikin na'urar kafin su buɗu.

A 2023 masu manhajar Dolphin sun fasa shiga kasuwar Steam bayan lauyoyin Nintendo sun yi magana, domin makullin na'urar Wii na cikinta. Masu Yuzu kuwa ba su sa makulli a tasu ba, sun bar wa kowa ya ciro daga Switch ɗinsa. Duk da haka Nintendo ya kai su ƙara a Fabrairun 2024, yana cewa manhajar ba ta da amfani sai an ɓalle kulle. A Maris suka amince su biya dala miliyan 2 da dubu 400, suka rufe. Sulhu aka yi, saboda haka alƙali bai yanke hukunci a kan asalin maganar ba. A ganina, tsadar lauya ce ta kayar da su tun kafin a auna hujja.

Kada a ce wannan rigimar Turawa ce. Sabuwar dokar haƙƙin mallaka ta Nijeriya, wadda Shugaba Buhari ya sa wa hannu a Maris na 2023, ita ma ta hana ɓalle irin wannan kulle, kuma Hukumar Haƙƙin Mallaka ta Ƙasa ce ke da alhakin aiwatar da ita.

Yaron da ke tura wasa don kuɗi, maganarsa ma ba ta kai ga makulli ba. Kwafin wasan da bai saya ba yake sayarwa, wanda laifi ne tun a tsohuwar dokar 1988. Wanda ya aiko wa ƙaninsa jarin kwamfuta daga Legas don wannan sana'a, ya kyautu ya tambaye shi abin da ke cikinta.