Cali-cali ma mai sharhi ne



Duk wanda ya taɓa zama a Gaya lokacin gasar takobi ya san yadda kasuwa take mutuwa da la'asar. Ɗan kasuwa ya rufe shago, ma'aikacin duwan ya jawo kujera, direbobin da ke jiran tsallaka gada zuwa Malanbil su taru gaban telbijin guda. Tun da aka fara gasar a Tawa a 1975, inda Kantu na Maraɗi ya ɗauki takobin farko, babu abin da ke tara 'yan Nijar kamar kokowa.

To, amma ku lura da lokacin da 'yan kallo suke yin tsit, sannan su fashe da dariya. Lokacin da cali-cali ya shigo fili ne, ya yi ɗamara da layu jibgi-jibgi, yana kwaikwayon takun wani ɗan kokowa, har yadda ya sha ƙasa. Mutane suna cewa wawta ce. Ni kuwa na ce sharhi ne, domin ba ya iya kwaikwayon kaye sai ya ga ƙafar da ta zame, ya ga wanda gabansa ya faɗi tun kafin a kama. Sau da yawa mai riƙe da makirfo yana can yana jera gaisuwar manyan baƙi, abin ya wuce shi.

Mun riga mun ga abin da ɗan wasan ban dariya yake iyawa idan telbijin ta ba shi wuri. Yazi Dogo malamin lakwal ne, amma wasanninsa da 'yan ƙungiyarsa ta Damagaram sun faɗa wa ma'aikata da attajirai abin da jarida ba ta iya faɗi a zamanin mulkin soja. A ƙetaren iyaka, Usman Baba Pategi, wanda ya rasu a 2023, tsohon soja ne. Sanin bariki ciki da waje shi ya sa ya tsara Samanja Mazan Fama a telbijin ta Kaduna, da Hausarsa ta kuratan soja.

Don haka roƙona ga masu watsa gasar shi ne su zaunar da cali-cali guda kusa da mai sharhi. Na san abin da za a ce: bakinsa ba ya da linzami, kuma kayen ɗan kokowa kayen jiha ce sukutum. Wannan gaskiya ne, mu mutanen Doso mun fi kowa saurin fushi idan aka taɓa namu. Sai a gwada shi tukuna a wasannin share fage. Ni dai da na so in ji daga bakinsa yadda Isaka Isaka ya ɗauki takobinsa na 6 a Agadas a 2023.