Ba Rawar TikTok Ce Za Ta Ci Mu Ba

A majalisun Kwandiko, kamar na Gwaram da Birnin Kudu, da an taɓo zancen waya hukuncin ɗaya ne: TikTok ya lalata 'yan mata, Hisba ta kwashe su a huta. Ni ban yarda nan ciwon yake ba. Yarinyar da ke rawa fuskarta a fili take, an san ubanta, an san ƙofar gidansu. Wanda ke tayar mini da hankali shi ne mai muryar nan da ba a san ko ɗan wane ne ba, mai cewa "jama'a a yaɗa don Allah". Kuma dattawan da ke tsine wa TikTok su ne kan gaba wajen tura saƙonsa zauren WhatsApp na masallaci da na dangi.

A watan Yunin 2018 hotunan gawarwaki suka cika Facebook, ana cewa Fulani sun yi wa Birom kisan gilla a Gashish, cikin Barikin Ladi a Filato. An yi kashe-kashe a yankin, ba shakka. Amma binciken BBC ya gano cewa hoton jaririn da aka sassara ya yi watanni yana yawo kafin rikicin, bidiyon mutumin da aka fasa wa kai kuwa a Kwango Barazabil aka ɗauke shi tun 2012. Matasa suka tare hanya suna zaƙulo matafiya daga mota, aka kashe mutum 11. A lokacin, masu tantance labari huɗu kacal abokan hulɗar Facebook suka ware wa Najeriya, ƙasar da mutum miliyan 24 ke amfani da shi. WhatsApp ma ya fi wuyar sha'ani, domin saƙonsa a kulle yake, ko kamfanin ba ya iya jin abin da aka faɗa.

Mun manta daren Ebola a 2014, da aka tashe mu a sha ruwan gishiri a yi wanka da shi? Mutane sun mutu, wasu sun kwanta asibiti.

Hukuma kuwa mai suna take iya kamawa. A Nuwamban 2022 an damƙe ɗalibin Jami'ar Tarayya ta Dutse aka kai shi Abuja saboda abin da ya rubuta kan Aisha Buhari. A watan ne kotu a Kano ta yanke wa 'yan TikTok biyu bulala 20 kowanne don sun yi wa Gwamna Ganduje ba'a. Wato idan an taɓa babba, ana iya gano mutum. Wanda ya ƙirƙiro ƙaryar da ta jawo asarar ran talaka fa, wa ya neme shi?

Mu nan manoma ne da makiyaya, kasuwarmu ɗaya, rafinmu ɗaya, kuma kowa ya san yadda zuciya ke kusa lokacin kaka. Murya ɗaya ta minti biyu mai cewa an kashe wane a gona ta isa a ƙone ruga kafin dagaci ya ji labari. Don haka duk wanda ya buɗe zauren WhatsApp ya zama shugabansa, shi za a tuhuma. Ya goge duk saƙon da ba a san mai shi ba, ya fitar da wanda ya maimaita, ko da kawunsa ne. Limamai kuma su fito ƙarara a huɗubar Juma'a su ce tura labarin da ba a tabbatar ba laifi ne, ko da an rufe shi da salati.