Daga filin rawa zuwa kujerar MD: ina rabon masu rawa a mulkin Sarki Ali Nuhu?

Jiya a majalisarmu nan Maiyama gardama ta kaure, wani abokina ya ce wai rawa ba sana'a ba ce, shashanci ne kawai. Na ce masa to wa ke riƙe da Hukumar Fina-finai ta Najeriya yanzu? Ya yi shiru.

Tun watan Janairun 2024 Shugaba Tinubu ya naɗa Ali Nuhu shugaban hukumar, mai hedikwata a Jos. Yaran yanzu sun san shi a matsayin darakta mai FKD, wanda ya yi Mansoor a 2017 ya ɗaga Umar M. Shareef da Maryam Yahaya. Amma ku tambayi yayyenmu da suka kalli Sangaya da Mujadala a kaset. Abin da ya fara sa sunansa ya zagaye Arewa har da taka rawa, irin wadda ake mayar da kaset baya a sake kallo. Kuma ku lura da waƙoƙin finafinan da ya ba da umarni, inda jarumi zai tsaya, inda kyamara za ta juyo daidai da kiɗa. Wanda bai taɓa rawa ba da wuya ya iya wannan lissafin.

A Indiya ma haka abin yake. Farah Khan mai tsara rawa ce kafin ta yi Main Hoon Na a 2004, Prabhu Deva kuma shi ya ba da umarnin Wanted na Salman Khan a 2009. Can sunan mai tsara rawa na fitowa ɓaro-ɓaro, har kambu ake ba shi.

Mu kuwa fa? Ka ambaci mawaƙi goma cikin minti ɗaya, amma mai tsara rawa ko ɗaya sai ka yi ta sosa ƙeya. Wahalar kuma su ke sha. Adam A. Zango har gidan yari ya shiga a 2007 kan bidiyon Bahaushiya, lokacin da hukumar tace finafinai ta Kano ta ɗauki zafi. A 2016 MOPPAN ta kori Rahama Sadau kan bidiyon waƙar ClassiQ. Tun daga nan kowa ke taka-tsantsan, ga shi kuma masu dogon zango irin su Labarina da Izzar So sun nuna ana cin kasuwa da labari zalla. Rawar sai ta koma TikTok, inda ba malami ba tsari.

Gaskiya ni ban ce a dawo da rawar da za ta sa ka kasa kallo da mahaifiyarka ba. Amma muna da koroso, muna da rawar da ake yi a bikin kamun kifi na Argungu da Uhola ta Zuru. Makarantar koyon fim ta Jos tana ƙarƙashin hukumar da Sarki ke riƙe da ita. Idan ya so, zai iya kiran tsofaffin masu rawar nan su koyar, a rubuta sunansu a fim, a biya su kamar yadda ake biyan mai ɗaukar hoto.

Abokin nawa dai har muka tashi bai yarda ba, sai da ya sa na biya kuɗin shayi.