Mugu Ma Yana Da Uwa

Wannan makon za mu taɓo The Sopranos, shirin da David Chase ya ƙirƙira, tashar HBO ta Amurka ta nuna daga 1999 zuwa 2007, kashi 86 cur. James Gandolfini da ya fito a Tony Soprano ya rasu tun 2013, amma har gobe matasan da ba a haifa ba lokacin da aka fara shirin suna nemansa su kalla.

Masu cewa harbe-harbe ne ya riƙe shi, ba mu yarda ba. Finafinan bindiga nawa aka yi aka manta? Tony jagoran 'yan Mafiya ne a New Jersey, amma fargaba na sumar da shi, har ya riƙa zuwa wajen likitar ƙwaƙwalwa, Dakta Melfi, a ɓoye. Mahaifiyarsa Livia ce ta zuga baffansa a kashe shi. A kashi na biyar ya raka 'yarsa Meadow duba jami'o'i a Maine, ya hango tsohon abokin ɓarnarsu da ya tona musu asiri ga hukuma, ya shaƙe shi har lahira, ya koma ya ɗauki 'yarsa. Uba mai tausayi da makashi a jiki ɗaya, shi ne abin da ke hana mai kallo barci.

To, mu duba littattafan da ake sakin mana a WhatsApp. Mugu jajayen idanu, dariyar ƙeta, bokansa a tsauni, ƙarshe ya haukace. Ba shi da uwa, ba ya jin tsoro. Wa zai tuna da shi?

Wasu za su ce ba wa mugu zuciya wanke shi ne. Ina wankewar? Tony da hannunsa ya toshe numfashin Christopher, yaron da ya raina. Melfi ta sallame shi. Matarsa Carmela an gaya mata ƙarara kuɗin jini take ci, ta zauna. Mai kallo ya ga yadda mutum ke sabawa da zunubi, wannan kuwa ya fi haukan ƙarshen littafi tsoratarwa, domin azzalumin gaske yana gaisuwar mutuwa, yana biyan kuɗin makaranta.

Kafin mako mai zuwa, kowa ya buɗe rubutunsa ya tambayi mugunsa: wa kake so, me kake tsoro? In babu amsa, a sake zama.