Rikicin gado da filaye: Sai da umarnin kotu 'yan sanda za su shiga

A rikicin gado, lokacin da ya fi haɗari shi ne tsakanin ranar da aka kai ƙara da ranar da alƙali zai yanke hukunci. A wannan tsakanin ne ake canza kwaɗon gida, a watso kayan mai takaba waje, a sayar da gona a ɓoye, ko a ɗauko 'yan daba su tsare fili. Kafin a kai ga raba tumuni da rubu'i, sai a tarar dukiyar ta riga ta salwanta.

Abin takaici, sau da dama mai ƙarfi a cikin dangi ne ke fara isa caji ofis, ya mai da maganar gado ta koma zargin sata ko kutse, a kulle ɗan'uwansa. Doka ta hana wannan ƙarara. Sashe na 32 na Dokar 'Yan Sanda ta 2020, da sashe na 8 na Dokar Gudanar da Shari'ar Manyan Laifuka ta 2015, duk sun haramta kama mutum kan saɓanin da ba laifi ba ne. Tun a 1986 ma Kotun Ƙoli ta tsawatar wa gwamnatin sojan Legas a shari'arta da Ojukwu, saboda ta yi amfani da ƙarfi ta fitar da shi daga gida alhali magana tana gaban kotu. Idan gwamnati ba ta da wannan iko, babban wa ko baffa ba shi da shi.

Hanyar da ta dace ita ce wanda ke fargaba ya roƙi kotun da ke sauraron ƙarar ta ba da umarnin wucin gadi, cewa kowa ya tsaya inda yake, kada a sayar, kada a rushe, kada a kori kowa. Ya kuma nemi a rubuta a ciki cewa 'yan sanda su tabbatar an bi umarnin, sannan magatakardan kotu ya aika wa rundunar kwafi. Sashe na 287 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya wajabta wa kowace hukuma aiwatar da hukuncin kotu.

Inda aka kai ga duka ko barazana, dokar hana cin zarafin jama'a ta 2015, wato VAPP, ta tanadi umarnin kariya na musamman, kuma malamin makaranta ko ma'aikacin lafiya na iya nema a madadin wanda ake zalunta. An yi ta ne don Abuja, amma jihohi da dama, ciki har da Kaduna, sun kafa irinta.

Sai dai takarda kaɗai ba ta tsare ƙofa. Marainiyar da ta samu umarni bayan wata uku, gidan an riga an sayar. Wadda ta samu a kan lokaci kuma, aka ce ta kawo kuɗin mai kafin a tura jami'ai, an mai da haƙƙinta haja.

Don haka muna kira ga manyan alƙalan jihohi da Alƙalin Alƙalai na kowace jiha su sa a riƙa sauraron irin wannan roƙo cikin kwanaki kaɗan. Kwamishinonin 'yan sanda su hukunta duk DPO da ya tsoma baki a rabon gado ba tare da takardar kotu ba, da wanda aka kai wa takardar ya yi biris. Hukumar ba da tallafin shari'a ta ƙasa da ƙungiyar lauyoyi mata ta FIDA su kai wannan bayani gidajen rediyo da Hausa, domin mata da marayu su san akwai wannan ƙofa.

Masu unguwanni da limamai su ci gaba da sulhu, domin shi ne alheri. Amma idan an fara kaɗa adda a bakin gona, su raka mai rauni kotu tun kafin a zubar da jini.